Sotigui Kouyaté: ɗan gidan maroƙan Mande da ya bar filin ƙwallo ya zama dattijon fina-finan tarihi

 A wannan karon za mu waiwayi rayuwar wani ɗan wasan kwaikwayo na Afirka ta Yamma wanda ya rasu tun shekarar 2010. Da yawa daga cikinmu sun taɓa ganin fuskarsa a telebijin ba tare da sun san sunansa ba: wani dogon dattijo siriri, mai dogon gashi, mai magana a hankali kamar wanda yake ƙirga kalmominsa kafin su fito. Sunansa Sotigui Kouyaté, a bakinmu kuma Sotigi Kuyate.

Ba irin jarumin nan ba ne da ake nuna shi yana dukan mutum goma ko yana rera waƙar soyayya a gindin itace. Shi nasa rabon a fim shi ne kakan sarakuna, ko malami, ko maroƙi, ko uban da ɗansa ya ɓace. Amma in ya shigo, ido yakan bar jarumin ya koma kansa. Abin da mutane kaɗan suka sani kuma shi ne, fim ɗinsa na farko na wani ɗan Nijar ne.

Gidan da ya fito

An haifi Sotigui a Bamako ranar 19 ga watan Yuli na 1936, lokacin ƙasar Mali tana ƙarƙashin Faransa ana kiran ta Sudan ta Faransa. Asalin iyayensa mutanen Gini ne, kuma tun yana ƙarami gidansu ya koma yankin da ake kira Burkina Faso a yau. Shi ya sa ƙasashe uku suke ganin nasu ne: Gini ta ba da tsatso, Mali ta ga haihuwa, Burkina ta yi reno. A shekarar da aka haife shi ma babu wata ƙasa mai suna Haute-Volta a taswira, don Turawa sun rushe ta a 1932 sun rarraba ta tsakanin Kodebuwa da Sudan da Nijar, sai a 1947 suka sake haɗa ta. Wanda ya tashi a irin wannan zamani ba abin mamaki ba ne in bai ɗauki iyakar ƙasa da zafi ba.

Sunan Kouyaté kuwa ba ƙaramin suna ba ne a ƙasar Mande. Su ne gidan da ake kira jeli, wato waɗanda a wajenmu za a ce maroƙa, a wajen Zabarmawa kuma jasare. Sai dai a yi hattara da kalmar. Jeli na asali ba mai bin biki yana neman kyauta ba ne kawai. Shi ke riƙe da jerin kakannin sarki a ka, shi ake aikawa neman aure, shi ake aikawa sulhu in gida biyu sun yi rikici, kuma shi ke da bakin gaya wa sarki gaskiya a gaban jama'a ba a taɓa shi. A tarihin baka na Mande, Balla Faseke Kouyaté shi ne jelin Sunjata Keita, wanda ya ci Sumanguru Kante da yaƙi a Kirina wajajen shekarar 1235 ya kafa daular Mali. Har gobe akwai wani tsohon balafo da ake dangantawa da Sumanguru, yana ajiye a garin Niagassola na ƙasar Gini, kuma zuriyar Kouyaté ce ke tsaron sa.

To a irin wannan gida Sotigui ya buɗe ido. Ya san kiɗa, ya san waƙa, ya san yadda ake jan labari dare ya raba mutane ba su tashi ba. Amma da ya girma bai kama hanyar gadon kai tsaye ba.

Daga ƙwallo zuwa dandali

Kamar samari da yawa na lokacinsa, ya taɓa sana'o'i iri-iri. Ya koyar a makaranta, ya yi aikin kafinta, ya yi sakatare a banki, ya yi aiki a gidan rediyo. Inda ya fara yin suna kuwa shi ne filin ƙwallon ƙafa, har ya kai ga zama kyaftin na ƙungiyar ƙasar Haute-Volta, wadda ta samu ƴancin kai ranar 5 ga Agusta 1960, kwana biyu bayan Nijar. Ya buga ƙwallo har zuwa 1966.

A wannan shekara ce, yana da shekara 30, wani abokinsa mai suna Boubacar Dicko ya roƙe shi ya taimaka masa a wani wasan kwaikwayo da yake shiryawa. Ya shiga ne don zumunci, ba don yana da burin zama ɗan wasa ba. Abu kamar wasa, sai ga shi ya kafa tasa ƙungiyar, yana rubuta wasanni yana koyar da samari. Babu makarantar wasan kwaikwayo da ya shiga a Turai ko a gida. Makarantarsa ita ce tsakar gidan ubansa da dandalin Wagadugu.

Lokacin kuwa ya zo masa daidai. A 1969 aka fara bikin fina-finan Afirka na Wagadugu, wanda aka fi sani da FESPACO. Kuma a waɗannan shekaru Nijar tana sahun gaba a harkar sinima a Afirka baki ɗaya. Da aka fara ba da babbar kyautar bikin a 1972, marigayi Oumarou Ganda na Nijar ne ya fara ɗaukar ta da fim ɗinsa Le Wazzou polygame.

Ƴan Nijar ne suka fara sa shi a fim

A shekarar 1972 Moustapha Alassane, mutumin N'Dounga wanda daga baya ya zauna a Tawa shekara da shekaru, ya fito da fim mai suna FVVA. Haruffan nan huɗu farkon kalmomi huɗu ne na Faransanci: mace, gida, mota, kuɗi. Labarin wani ƙaramin ma'aikaci ne da son burga da nauyin aure suka kai shi ga taɓa kuɗin da ba nasa ba, ƙarshe ya tsinci kansa a gidan kaso. A cikin ƴan wasan akwai Zalika Souley da Djingarey Maïga, akwai kuma wannan baƙo daga Haute-Volta, Sotigui Kouyaté. Daga nan ya shiga sinima.

Bayan haka Moustapha Alassane ya sake kiran shi a fim ɗin Toula, wanda aka ɗauko daga wani labari da Boubou Hama ya rubuta. Labarin ƙasa ce da fari ya addaba, aka ce wa sarki ruwa ba zai samu ba sai an ba da budurwa ga aljanin ruwa, kuma zaɓin ya faɗa kan Toula, ɗiya ta jinin sarkin kansa. Saurayinta ya bazama neman ruwa don ya cece ta, ya dawo an riga an gama. Dattawanmu da suka ga farin farkon shekarun 1970, lokacin da dabbobi suka ƙare mutane suka watse, sun san cewa a wancan lokaci wannan labari bai yi kama da tatsuniya ba.

A 1983 kuma ya fito a fim ɗin Mustapha Diop mai suna Le Médecin de Gafiré, tare da Sidiki Bakaba na Kodebuwa. Shi kuma labarin wani matashin likita ne da ya yi karatun boko aka tura shi ƙauye, ya tarar mutane sun fi amincewa da mai maganin gargajiya. Kun ga ke nan kafin Turai ta san shi, fina-finai uku na ƴan Nijar sun riga sun ɗauki fuskarsa.

Fim ɗin da ya buɗe masa ƙofar waje

A farkon shekarun 1980 an yi wani fim a Haute-Volta mai suna Le Courage des autres, na Christian Richard. Labarin zamanin bauta ne: mahaya sun afka wa kasuwar ƙauye, sun kama mutane sun ɗaure su, sun tasa su a gaba. Magana kaɗan ce a fim ɗin, don haka ɗan wasa ba shi da abin dogaro sai tafiyarsa da tsayuwarsa da idonsa. A nan aka ga abin da Sotigui ya iya.

A daidai lokacin, a birnin Paris, wani Bature ɗan Ingila mai suna Peter Brook yana neman ƴan wasa don wani gagarumin aiki. Shi wannan Brook ba baƙon yankinmu ba ne. A ƙarshen 1972 ya ratso Sahara da ƙungiyarsa daga Aljeriya, suka biyo ta Agadas suka gangara Najeriya, suna shimfiɗa darduma a tsakiyar ƙauye suna wasa a gaban mutanen da ba sa jin yarensu. Abin da yake nema shi ne ɗan wasan da zai iya riƙe mutane ba tare da kayan ado da fitilu ba. Da mutanensa suka ga Sotigui a wancan fim na bayi, sai aka aika masa ya zo Paris.

Bishma, kakan da ya rantse

Aikin da ake shiryawa shi ne Mahabharata, daɗaɗɗen labarin ƙasar Indiya, wanda yana cikin mafi tsawon labaran da ɗan Adam ya taɓa tsarawa. Marubucin Faransa Jean-Claude Carrière ne ya mayar da shi wasan kwaikwayo. An fara nuna shi a watan Yuli na 1985 a bikin wasanni na Avignon, a cikin wani tsohon ramin fasa dutse, kuma wasan yakan ɗauki awa tara. Ƴan wasan sun fito daga ƙasashe fiye da goma: akwai ɗan Japan, akwai ɗan Italiya, akwai Mallika Sarabhai daga Indiya, akwai Mamadou Dioumé na Senegal. Sotigui yana dab da cika shekara 49 lokacin.

Matsayin da aka ba shi shi ne Bishma. Ga yadda labarin yake a taƙaice. Bishma ɗan sarki ne mai jiran gado. Ubansa ya ga ɗiyar wani masunci yana so, uban yarinya ya ce ba zai ba da ita ba sai in ɗan da za ta haifa shi zai gaji sarauta. Don ubansa ya samu abin da yake so, Bishma ya rantse ya bar gadon sarauta, ya kuma rantse ba zai taɓa aure ba, don kada ƴaƴansa su zo su yi jayayya. A sakamakon haka aka ba shi baiwar cewa ba zai mutu ba sai ranar da ya zaɓa da kansa. Ya rayu ya reni ƴaƴan gidan da jikokinsu, har jikokin suka rabu gida biyu, Pandawa da Kaurawa, suka ja dagar yaƙi a kan sarauta. Bishma ya san Pandawa ne ke da gaskiya, amma alkawarin da ya ɗauka na tsare gadon sarauta ya ɗaure shi a ɓangaren Kaurawa. Yaƙin ya yi kwana 18. A rana ta goma aka harbe shi da kibau masu yawan da har da ya faɗi jikinsa bai taɓa ƙasa ba, ya kwanta a kan kibau kamar gado, yana jiran ranar da ya zaɓa, yana yi wa waɗanda suka rage nasiha kan yadda ake riƙon jama'a.

Duk wanda ya taɓa ganin dattijo a gidan da ƴan uba suke rikicin gado ko na sarauta, yana son kowa kuma ba ya iya raba su, ya san Bishma ko bai taɓa jin sunan ba. Sotigui bai buƙaci a yi masa dogon bayani kan irin wannan mutum ba, don aikin gidansu ke nan tun kaka da kakanni: tsayawa tsakanin masu faɗa da riƙe alkawarin da aka ɗauka tun kafin a haife ka.

Bayan wasan Faransanci aka yi na Turanci, aka zaga da shi ƙasashe. A 1989 aka ɗauke shi don telebijin, shiri mai tsawon kusan awa shida, kuma a 1990 ya samu kyautar Emmy ta ƙasa da ƙasa. Ta wannan shiri ne miliyoyin mutane suka fara ganin Sotigui. Masu son fina-finan Indiya kada su haɗa shi da wancan Mahabharat na gidan telebijin na Indiya da aka nuna daga 1988 zuwa 1990, inda Mukesh Khanna ya fito a Bishma. Wancan dabam, wannan dabam.

Ba kowa ne ya yi murna ba. Wasu masana na Indiya sun soki Brook, suna ganin ya ɗauki labarin da yake addini ne a wajen miliyoyin mutane ya rage shi daidai cikin Turawa. Wannan ƙorafi yana da tushe, kuma mu da aka sha kwashe mana kayan tarihi mun fi kowa fahimtar sa. Amma ko a cikin masu sukar, ba a cika jin wanda ya ce dogon Ba'afirken nan bai cika rigar Bishma ba.

Shekara ashirin tare da Brook

Daga nan Sotigui ya zauna a Faransa, ya zama ɗaya daga cikin ginshiƙan gidan wasan Brook mai suna Bouffes du Nord. A 1990 ya fito a Prospero a wasan Shakespeare da ake kira La Tempête da Faransanci, wato guguwa. Prospero sarki ne da ɗan uwansa ya ƙwace masa mulki, ya zauna a tsibiri yana da iko da iskoki, ƙarshe maƙiyansa suka faɗo hannunsa ya zaɓi yafiya. An saba ba Turawa wannan matsayi, shi ya sa ganin baƙar fata a ciki ya zama abin magana a lokacin.

A 2004 kuma ya fito a Tierno Bokar, malamin nan na Bandiagara wanda almajirinsa Amadou Hampâté Bâ ya rubuta tarihinsa. A zamanin mulkin Faransa an yi saɓani a cikin ɗarikar Tijjaniyya a yankin kan ko wata addu'a ta wazifa sau 11 ake karanta ta ko sau 12. Saɓanin ya yi zafi, Turawan mulki suka sa hannu don amfanin kansu. Tierno Bokar ya je ya gana da Shehu Hamallah na Nioro ya karɓi ra'ayinsa, sai danginsa da manyan gari suka juya masa baya, aka hana mutane zuwa wajensa, ya rasu a 1940 cikin kaɗaici. Wasan bai tsaya yanke hukunci kan wa ke da gaskiya a ƙidayar ba. Abin da ya nuna shi ne yadda ƙaramin saɓani ke raba ƴan uwa in masu mulki suka samu ƙofar shiga.

Bai manta gida ba

Hausawa na cewa kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Sotigui dai bai yarda gida ya bar shi ba. A 1995 ɗansa Dani Kouyaté, wanda aka haifa a Bobo-Julaso a 1961, ya fito da fim mai suna Keïta, kuma ya sa mahaifinsa a matsayin Djéliba, tsohon jeli da ya taso daga ƙauye ya zo birni, ya ɗaura ragarsa ta kwanciya a tsakar gidan wasu ƴan boko, don ya gaya wa ɗansu Mabo ma'anar sunansa da asalin kakansa Sunjata. Yaro ya kamu da labari har ya fara sakaci da lakwal. Mushe ya zo ya yi faɗa, uwar yaro ta tayar da hankali, uba ya rasa ta cewa. Da gidan ya ɗauki zafi, tsohon ya naɗe kayansa ya tafi bai ƙarasa labarin ba, ya bar yaro ya nemi sauran da kansa. Fim ɗin ya ci kyautar fim na farko a FESPACO na 1995, kyautar da ke ɗauke da sunan Oumarou Ganda.

Wannan tambaya ta fim ɗin har yau tana gabanmu. Yaranmu suna iya lissafo sarakunan Faransa da ƴan ƙwallon Turai, amma a tambaye su wa ya kafa garinsu, ko me ya kawo Katsinawa Maraɗi, ko wane ne Tanimun na Damagaram, sai a ga ana sosa ƙeya. Fim ɗin bai ce a bar boko ba. Ya nuna dai cewa in malamin lakwal da tsohon gida ba su zauna sun fahimci juna ba, yaro ne ke asara.

A 1997 ya haɗu da wasu abokai, cikinsu har da ɗan wasan barkwancin Mali Habib Dembélé, suka kafa ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Mandéka a Bamako. A 1999 ya fito a fim ɗin Cheick Oumar Sissoko mai suna La Genèse, wanda aka yi da harshen Bambara, tare da mawaƙi Salif Keita. An ɗauko labarin daga littafin farko na Attaura aka dasa shi a duwatsun Mali, aka mayar da hankali kan gaba tsakanin makiyaya da manoma da maharba. Sotigui ya fito a shugaban makiyaya, uban da ya shige tanti yana makokin ɗansa alhali jama'arsa na buƙatar sa. Rikicin manomi da makiyayi kuwa ba sai an fassara wa mai sauraro a Nijar ba.

A 2001 ya sake aiki da ɗansa Dani a fim ɗin Sia, wanda ya dogara kan labarin macijin Wagadu na tsohuwar daular Gana, inda ake ba da budurwa mafi kyau ga maciji don ƙasa ta yi albarka. A nan Sotigui bai fito a mutumin kirki tsantsa ba. Shi ne Wakhané, shugaban mayaƙan sarki, mai hidima ga fada yana kuma da nasa lissafi a zuci. A ƙarshe aka gano babu wani maciji, bokayen fada ne ke lalata ƴan matan su kashe su. Sabbin masu mulki da suka hau kuma suka ga ƙaryar tana da amfani gare su, suka ci gaba da rufe ta.

A wannan shekarar dai ya fito a fim ɗin Rachid Bouchareb mai suna Little Senegal, a matsayin Alloune, tsohon mai yi wa baƙi jagora a gidan bayi na tsibirin Gore. Da ya yi ritaya sai ya tafi Amurka neman zuriyar danginsa da aka sayar tun ƙarni biyu da suka wuce, ya bi takardun gonakin bayi har ya kai unguwar Harlem a birnin New York. Ƴan uwanmu da ke zaune can ƙetare za su gane abubuwa da dama a wannan fim, musamman irin kallon hadarin kaji da ke tsakanin baƙin da suka zo daga Afirka da baƙaƙen fatar da aka haifa a can.

Kyautar ƙarshe

Ranar 7 ga Yuli 2005 aka tayar da bama-bamai a jiragen ƙasa da wata bas a birnin Landan, mutum 52 suka mutu ban da maharan. A kan wannan Bouchareb ya gina fim ɗin London River, ya sake kiran Sotigui. Ya fito a Ousmane, Musulmi ɗan Afirka mai aikin gandun daji a Faransa, wanda ya zo Landan neman ɗansa da rabonsa da shi tun yaron yana da shekara shida. A can ya haɗu da wata Baturiya Kirista, wadda Brenda Blethyn ta fito a matsayinta, ita ma tana neman ɗiyarta. Da farko tana gudun sa, har ta kira masa ƴan sanda. Sannu a hankali suka gano ƴaƴan nasu tare suke zaune, kuma tare suka shiga bas ɗin da ta tashi.

Lokacin da ake ɗaukar fim ɗin Sotigui ba shi da lafiya, ciwon huhu ya riga ya ci ƙarfinsa. Wanda ya kalla zai ga yadda yake tafiya da sanda a hankali, ga rama. Duk da haka ya kammala aikin. A watan Fabrairu na 2009, a bikin fina-finai na Berlin a ƙasar Jamus, alƙalai suka ba shi kyautar gwarzon ɗan wasa namiji, yana da shekara 72. Mutumin da ya shafe kusan shekara 40 yana tsayawa a gefen jarumai, a ƙarshen rayuwarsa aka kira sunansa shi kaɗai.

Ya rasu a Paris ranar 17 ga Afrilu 2010 yana da shekara 73, aka kai gawarsa Wagadugu aka yi masa sutura. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe: ban da Dani mai shirya fina-finai, ɗansa Hassane Kassi Kouyaté ma sanannen mai ba da labari ne kuma mai shirya wasannin dandali. Tun yana raye, Mahamat-Saleh Haroun na ƙasar Cadi ya yi fim a kan rayuwarsa. Daga 2016 kuma ake shirya wani biki a Wagadugu na karrama ƴan wasan fina-finan Afirka, kyautar da ake bayarwa sunanta Sotigui.

Abin da ya rage gare mu

A garuruwanmu har yanzu akwai iyayen da in ɗansu ya ce zai shiga wasan kwaikwayo sai a ce ya lalace, akwai kuma gidajen da ba a ba maroƙi aure. Amma mu ɗin nan ne muke taruwa gaban rediyo da telebijin in an sa wasan su Yazi Dogo, mu ne kuma muke neman tsohon da ya san asalin gari in rikicin gona ko na sarauta ya tashi. Rayuwar Sotigui ta nuna cewa abin da ya koya a tsakar gidan ubansa, wanda wasu ke rainawa, shi ne jarin da ya kai shi Paris da Berlin. Bai canza kamanninsa ba, bai ɓoye asalinsa ba.

Akwai kuma wani abin dubawa. Fina-finan nan na Moustapha Alassane da Mustapha Diop da ya fara da su, samarinmu nawa ne suka taɓa ganin ko ɗaya? Moustapha Alassane ya rasu a 2015, Zalika Souley ta rasu a 2021. Masu riƙe da labarin wancan zamani suna ta tafiya ɗaya bayan ɗaya.

Don haka ga roƙonmu. Wanda yake da kaka ko tsoho a gida, ya zauna da shi bayan sallar isha'i, ya tambaye shi daga ina gidansu ya taso, wa ya haƙa rijiyar farko, wace shekara aka yi yunwar da ake ba da labari. Wayar da ke hannunku tana ɗaukar murya, ku ɗauka ku ajiye, ku tura wa ƴan uwa da ke Kano da Kwatano da Agadas da Turai. Djéliba na fim ya tafi bai ƙarasa wa Mabo labari ba, mu namu tsofaffin suna nan zaune a zaure. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa mu gama da duniya lafiya.